Hijabi a Ƙarƙashin Gashin Doki: Lamarin Firdaus Amasa da Dokar Suturar Lauyoyi

A tsakiyar watan Disamba na 2017, ɗaliban da suka kammala Makarantar Horas da Lauyoyi ta Najeriya suka jeru a Cibiyar Taro ta Ƙasa da Ƙasa da ke Abuja domin a rantsar da su. Kowa cikin baƙar riga mai faɗin hannu, da farin ƙyalle a wuya, da hular gashi a ka. Iyaye sun taso daga garuruwa, masu ɗaukar hoto sun baje kolinsu a harabar. A cikin layin akwai wata budurwa, Firdaus Amasa, wadda ta yi digirin lauya a Jami'ar Ilori. Duk abin da aka ce a sa, ta sa. Abu ɗaya ta ƙara: a ƙarƙashin hular gashin akwai hijabi da ya rufe mata gashi da kunne da wuya. Jami'an da ke bakin ƙofa suka ce ta cire. Ta ce ba za ta cire ba. Suka ce to ba za ta shiga ba. Haka aka yi biki aka watse tana waje.

Cikin 'yan kwanaki labari ya karaɗe Facebook da Twitter, ƙasa ta rabu gida biyu kamar yadda ta saba. Yawancin masu tuna lamarin a yau suna tuna shi ne a matsayin wani zagaye na takun-saƙar Musulmi da Kirista. Addini na ciki, babu musu. Amma abin da ya fi tsaya min a rai shi ne tambayar da ke ƙasan rigimar, wadda duk ma'aikacin da aka taɓa mayarwa gida saboda tufafin jikinsa ya santa: wace doka ce ta ce haka, kuma aikin me dokar take yi?

Abin da ta ajiye a bakin ƙofa

Wanda bai san hanyar zama lauya a Najeriya ba zai ce, to mene ne a ciki, ai biki ne kawai ya wuce ta. Shekara biyar ake yi a jami'a, in yajin aikin malamai bai ƙara wa mutum wasu ba. Daga nan sai shekara guda a Makarantar Horas da Lauyoyi, wadda aka kafa a 1962, hedikwatarta yanzu a Bwari, da rassa a wurare da dama har da Bagauda a jihar Kano da kuma Yola. A can za a yi karatu, a tura mutum kotu da ofishin lauya ya ga aiki, ya halarci liyafar cin abinci sau uku, wadda ita ma sharaɗi ce da aka ɗauko daga Landan, sannan ya zauna jarrabawar ƙarshe da ke kayar da mutane da yawa duk shekara. Duk wannan wahala ba ta mai da kai lauya ba tukuna. Sai ranar da majalisar manyan alƙalai da manyan lauyoyi, wadda ake kira Body of Benchers, ta kira ka, ka kuma je Kotun Ƙoli aka rubuta sunanka a kundin lauyoyi. Kafin ranar nan, ko a ƙarar satar kaza ba ka da ikon tsaya wa wani.

Sannan a wannan sana'a, da shekarar rantsuwa ake lissafin girma, furfura ba ta da ta cewa. Wanda ya riga ka rantsuwa yayanka ne a kotu ko da ka haife shi. Sai lauya ya shekara 10 da rantsuwa kafin ya cancanci zama alƙalin Babbar Kotu ko ya nemi muƙamin babban lauya na SAN, shekara 12 kafin Kotun Ɗaukaka Ƙara, 15 kafin Kotun Ƙoli. Wadda ya kamata a rubuta mata 2017 aka rubuta mata 2018 za ta ci gaba da jan wannan shekara ɗaya har ta yi ritaya. A ranar kuwa Firdaus ba ta san ko 2018 ɗin ma za ta samu ba. Babu wanda ya yi mata alkawarin komai.

A nan ne sirrin daɗewar wannan ƙa'ida yake, kuma shi ne darasin da ya fi kowane amfani a lamarin. An kafa ta ne daidai wurin da mutum ya fi rauni. Ɗaliba ta ƙare shekara shida ko bakwai, mahaifinta ya biya kuɗin makaranta da na hula da riga, mahaifiyarta na zaune a ciki tana jiran ta ji an kira sunan 'yarta. A wannan lokacin ne wani zai ce mata, cire ki shiga, awa biyu ne kawai. Mata Musulmi da yawa kafin Firdaus sun iso wannan ƙofa, sun zare hijabin sun tura a jaka, sun shiga, sun fito sun mayar. A ranar ma akwai waɗanda suka yi hakan. Ban ga laifinsu ba ko kaɗan. Wanda bai taɓa tsayawa tsakanin guminsa na shekara shida da ƙyalle guda ba, kada ya yi saurin yanke hukunci. Sai dai kowace da ta cire ta zama hujja a hannun masu ƙofa ba da saninta ba: ai kowa na cirewa, ba a taɓa samun matsala ba. Shirun da tilas ta haifar sai aka riƙa kiransa yarda.

Ita kanta Firdaus, a hirarta da 'yan jarida bayan abin ya faru, ta nuna cewa da niyya ta tafi, ba kuskure ta yi ba. Burinta a amince da hijabin saboda na bayanta. Ta kuma ce babu wata doka da ta hana, in ka tambayi jami'an sai su ce maka al'ada ce, haka ake yi, haka kuma za a ci gaba da yi.

Ina dokar take?

Abin da ya dace a fara dubawa ke nan, tunda maganar gidan lauyoyi ake yi. Dokar da ta tsara aikin lauya a Najeriya ta kawo sharuɗɗan rantsar da ɗan ƙasa a fili: ya kasance ɗan Najeriya, ya gabatar da takardar shaidar cin jarrabawar makarantar, ya kuma gamsar da majalisar manyan lauyoyin cewa shi mutumin kirki ne. Babu batun kai a buɗe ko a rufe. Gaskiya ne dokar ta ba majalisar ikon tsara harkokinta, kuma babu mai jayayya cewa tana da damar cewa ga kayan da za a sa ranar biki. Amma kowane irin iko a ƙasar nan yana ƙarƙashin kundin tsarin mulki na 1999, wanda sashensa na farko ya ce duk dokar da ta ci karo da shi ta faɗi.

Sashe na 38 ya ba kowa 'yancin addini, kuma bai tsaya ga abin da ke cikin zuciya ba. Ya haɗa da bayyana addinin a ɓoye ko a bainar jama'a, ta hanyar ibada da koyarwa da aiki da kiyaye ƙa'idojinsa. Sashe na 42 ya hana a tauye wa ɗan ƙasa wani abu saboda addininsa ko jinsinsa. Sashe na 45 shi ya buɗe ƙofar taƙaita 'yancin addinin da ke sashe na 38, amma da sharaɗi: sai da doka, kuma dokar ta zama mai dalili, don tsaron ƙasa, ko kare lafiyar jama'a da rayukansu, ko zaman lafiya, ko tarbiyya, ko kare haƙƙin wasu. Sai mutum ya ɗauki hijabin da ke ƙarƙashin hular lauya ya bi waɗannan ɗaya bayan ɗaya, ya ga a wanne zai rataye shi. "Haka muka tarar" ba ya cikin jerin.

Abin da ya ƙara wa lamarin ban mamaki, kotu ta riga ta yi magana. A 2014 Babbar Kotun jihar Legas ta goyi bayan hana ɗalibai mata sa hijabi a makarantun gwamnati. A watan Yuli na 2016 Kotun Ɗaukaka Ƙara, da alƙalai biyar, ta rushe wannan hukunci, ta ce hanin ya saɓa wa tsarin mulki. Wato wata 17 kafin a tsayar da Firdaus. Mai son adalci zai ce wancan hukunci kan 'yan makaranta ne, kuma gwamnatin Legas ta wuce Kotun Ƙoli, don haka magana ba ta ƙare ba a lokacin. Haka ne. Duk da haka, gidan da ke koya wa ɗalibai cewa hukuncin babbar kotu abin bi ne, bai kamata a ce shi ne ya yi kamar bai ji ba. Mai dokar barci ya ɓuge da gyangyaɗi.

Ita hular, daga ina?

Mu Hausawa in mace ta yi ƙarin gashi sai mu ce ta sa gashin doki, ko da roba ce daga kanti. To hular lauya ta asali da gashin doki na gaske ake saƙa ta. Kuma tarihinta bai da alaƙa da shari'a ko kaɗan a farkonsa. Kwalliya ce ta fadar Faransa zamanin Sarki Louis na 14, ta tsallaka Ingila bayan Sarki Charles na Biyu ya hau mulki a 1660, ta zama abin da duk mai faɗa-a-ji ke sawa. Alƙalai da lauyoyi suka bi yayi wajen shekarun 1680, don kada a gan su kamar 'yan ƙauye. Da yayin ya wuce a ƙarshen ƙarni na 18, kowa ya ajiye tasa, su suka riƙe. A 1822 wani mai sana'ar yin hular gashi a Landan, Humphrey Ravenscroft, ya ƙirƙiro irin wadda ba ta buƙatar a riƙa barbaɗa mata hoda, ita ce kakar wadda muke gani a kotunanmu. Turawan mulkin mallaka suka kawo mana ita tare da kotunansu, suka tafi a 1960 suka bar ta.

Masu abin kuwa sun daɗe da sassautawa. Tun 2008 alƙalan Ingila ba sa sa hular a shari'o'in iyali da na tsakanin mutum da mutum, sai a manyan shari'o'in laifi. Alƙalan Kotun Ƙolin Birtaniya ba sa sa ta a zaman sauraron ƙara, kuma a 2011 kotun ta ba lauyoyi damar tsayawa gabanta ba hula ba riga in sun amince a tsakaninsu. Maganar addini ma sun warware ta tun tuni. Mota Singh, ɗan addinin Sikh haifaffen Nairobi, an naɗa shi alƙali a Ingila a 1982, da farin rawaninsa yake zama a kotu a madadin hular. A 2020 aka naɗa Raffia Arshad, mai hijabi, mataimakiyar alƙali a can. A nan Afirka, Willy Mutunga da ya zama Alƙalin Alƙalan Kenya a 2011 ya yi watsi da hular ɗungurungum. Shugaban Ƙungiyar Lauyoyi ta Najeriya a lokacin rigimar, A.B. Mahmoud, ya ce ce-ce-ku-cen bai da dalili, har ya wallafa hoton 'yarsa da hijabinta ranar da aka rantsar da ita lauya a New York.

Ba ina cewa sai mun kalli Landan kafin mu san daidai ba. Amma idan hujjarka duka ita ce al'adar da ka aro, kuma wanda ya ara maka ya riga ya yi mata gyara, to ka zama dillalin da ya fi mai kaya zaƙewa. Ga kuma abin dariyar da ba a cika faɗa ba: wai don kiyaye mutuncin sana'a aka hana mace rufe gashinta na gaske, aka kuma wajabta mata rufe shi da na doki.

Hujjar ɗaya ɓangaren

Ba duk wanda ya soki Firdaus ne maƙiyin hijabi ba, kuma zalunci ne a yi musu kuɗin goro. Mafi ƙarfin hujjarsu ita ce ta daidaito. Suka ce amfanin kaya iri ɗaya shi ne ya shafe bambanci: ɗan attajiri da ɗan talaka, Musulmi da Kirista, duk baƙi da fari, don alƙali ya saurari magana ya ƙyale mai maganar. A ƙasa irin tamu, inda addini ke saurin kunna wuta, wannan tunani ne mai daraja, kuma ina ganin girman wanda ya riƙe shi da zuciya ɗaya.

Sai dai a duba yadda kotu take a zahiri. Abu na farko da lauya ke yi in ya miƙe shi ne ya faɗi sunansa. Da ta ce Fatima ko Grace, da ya ce Chukwuma ko Abdullahi, an gama sanin abin da ake son hula ta ɓoye. Mai ba da shaida kuma a gaban kowa ake tambayarsa da me zai rantse, Alƙur'ani ko Baibul ko ƙarfe. Kotun Najeriya ba ta taɓa zama wurin da addini ke tuɓe takalmi a waje ba. Abin da ake nema daga alƙali shi ne ya yi adalci alhali ya san ko su wane ne a gabansa. Ga shi kuma a kotuna da yawa, musamman a Arewa, lauyoyi mata na tsayawa da hijabi a ƙarƙashin hula ana shari'a lafiya lau. In wurin aikin kansa ya ɗauka, me ya sa zauren biki na yini guda zai kasa?

Wasu suka kafa hujja da sashe na 10, wanda ya hana gwamnati ɗaukar wani addini a matsayin na ƙasa. Gwamnati aka ɗaure da wannan sashe, ba kan 'yar ƙasa ba. Wasu kuma suka ce ta san ƙa'idar tun kafin ta shiga, in ba ta so ta nemi wata sana'a. Wannan magana da tana da kan gado in da akwai wata ƙofar. Majalisa ɗaya ce ke rantsar da lauyoyi a duk faɗin Najeriya, kuma doka ce ta kafa ta. Ba kulob ba ne da za ka ce na fasa, ka koma na gaba.

Hujja ta ƙarshe ita ce ta ɓarkewar ruwa: in an bar hijabi, gobe kowa zai zo da nasa. Wannan an gwada ta a aikace har sau biyu. A 2016, bayan wata kotu a jihar Osun ta amince da hijabi a makarantun gwamnati, wasu ɗalibai Kiristoci a garin Iwo suka je aji da rigunan coci. A watan Yuni na 2022 kuma, kwanaki kaɗan bayan Kotun Ƙoli ta tabbatar da 'yancin sa hijabi a ƙarar Legas, lauya Malcolm Omirhobo ya shiga Kotun Ƙolin ba takalmi, da jan zane, da gashin tsuntsu a soke jikin hularsa, da ƙwarya da wuri a wuya, da farar ƙasa zagaye da ido, ya ce shi ma addinin gargajiyarsa yake bi. Mutane sun sha dariya, wasu sun ji haushi. Ni dai ina ganin tambayarsa halattacciya ce, kuma amsarta ba ta da wuya: ma'auni ɗaya ne ga kowa. Shin abin nan mai shi ya riƙe shi addini da gaske, yana sawa a gida da kasuwa, ko na yini ɗaya ne don a ɗauki hoto? Shin yana hana aiki ko yana cutar da wani? Wanda ya tsallake waɗannan, a bar shi, ko da shigarsa ba ta yi min ba. Shekaru sun wuce tun daga lokacin, kotuna ba su cika da gashin tsuntsu ba.

Yadda aka rufe magana

Ƙungiyoyin Musulmi, har da Majalisar Ƙoli ta Harkokin Addinin Musulunci da ƙungiyar kare haƙƙin Musulmi ta MURIC, suka matsa lamba. Majalisar Wakilai ta umarci kwamitocinta su bincika, aka shirya zaman jin ra'ayin jama'a a farkon 2018, wasu lauyoyi suka garzaya kotu, kotu ta dakatar da zaman. Daga bisani majalisar manyan lauyoyin da kanta ta sake duba batun ta amince. Ranar 10 ga Yuli, 2018, wata bakwai bayan an tsayar da ita, Firdaus Amasa ta shiga zauren da hijabinta a ƙarƙashin hular gashi, aka rantsar da ita. Rufin zauren bai faɗo ba. Ranar 17 ga Yuni, 2022, Kotun Ƙoli ta yanke hukunci a ƙarar Legas, alƙalai biyar cikin bakwai suka tabbatar da 'yancin ɗalibai na sa hijabi. A watan Maris na shekarar kuma, rundunar 'yan sanda ƙarƙashin Usman Alkali Baba ta ba jami'anta mata damar ɗaura ɗankwali a ƙarƙashin hular aiki.

Saurin da aka yi wajen warwarewa shi ne ya fi tona asirin ƙa'idar. Ba a gyara kundin tsarin mulki ba, ba a yi sabuwar doka ba, ba a kashe ko sisi ba. Zama aka yi aka ce to a bari. Abin da zama ɗaya ya iya kawarwa, zama ɗaya ya isa ya kawar da shi shekara 20 kafin nan. Abin da ya rage kawai shi ne a samu wadda za ta yarda ta yi asara a bainar jama'a.

Wannan ba ciwon Najeriya ba ne ita kaɗai, ba kuma sai da addini yake tashi ba. A Disamba na 2015 a Landan, an mayar da wata ma'aikaciyar wucin gadi, Nicola Thorp, gida ba biya, saboda ta ƙi sa takalmi mai tsini a aikin tarbar baƙi. Ta tambaya ko maza ma ana sa su, aka yi mata dariya. Takardar kokenta ta samu sa hannun mutum fiye da 150,000, magana ta kai majalisar dokoki, kamfanin da ya ɗauke ta ya canza ƙa'idarsa. Zubin iri ɗaya ne: ƙa'ida ta fi nauyi a kan mace, mai tsaronta ba zai iya faɗin amfaninta ba, kuma an ɗora ta a kan wadda ba ta da bakin cewa a'a.

Kada a ɗauka ina cewa duk dokar sutura a wurin aiki zalunci ce. Wanda ke aikin gini ya sa hular kwano, likita a ɗakin tiyata ya sa kayan da aka tsabtace, mai dafa abinci a otal ya rufe gashinsa; in ka tambayi dalili, amsa na nan a bakin kowa. Hijabin ma kansa akwai inda za a ce a rage masa tsawo. Duk wanda ya taɓa ganin mayafi ya naɗe a tayar babur ko a bel ɗin injin niƙa ya san ba ƙiyayya ba ce a ce mai aiki kusa da inji ta ɗaure kayanta tsaf. Bambancin shi ne, ƙa'ida mai dalili tana nuna maka gyaranta da kanta: in tsawo ne matsala, a gajarta, in launi ne, a sa baƙi ko fari. Wadda ba ta da dalili ba ta san gyara ba, sai dai cire ko fita.

Akwai kuma ɓangaren da mu da muka yi murna a 2018 ba mu cika son ji ba. Sashe na 38 bai ambaci hijabi ba, addini ya ce. A 2019 an sallami wasu 'yan mata Kiristoci biyu daga sansanin masu yi wa ƙasa hidima a jihar Ebonyi saboda sun ƙi sa wando, suna cewa addininsu ya hana. Ban ga hayaniyarmu a kan wannan ta kai ko rubu'in wadda muka yi wa Firdaus ba. A 2025 Babbar Kotun Tarayya a Abuja ta yanke cewa hana 'yan hidima mata sa siket saboda addininsu ya saɓa wa tsarin mulki, da irin sassan da aka kare hijabi da su. Haka kuma in wani shugaban ma'aikata a Kano ko Gusau ya ce wa ma'aikaciyarsa wadda ba Musulma ba sai ta sa hijabi kafin ta shiga ofis, shi ma tambayar da aka yi wa masu ƙofar Abuja ita ke jiransa: wace doka, kuma aikin me take yi? In amsarsa ita ce haka muke yi a nan, to ya zauna a kujerarsu ke nan.

Hular gashin kuwa tana nan daram. Shawarar 2018 ta taɓa abin da ake sawa a ƙarƙashinta ne kawai. A watan Afrilu a Maiduguri ko Sakkwato, lokacin da zafi ke haura digiri 40, in wuta ta ɗauke fanka ta tsaya, lauya namiji ko mace zai miƙe gaban alƙalin Babbar Kotu da baƙar kwat, da baƙar riga a samanta, da abin wuya mai sitaci, da gashin doki a ka, yana share gumi da hankici yana karanto sashe.